Shafin da Babu Magana

A Busan, a ɗakin da ke saman shagon miyar kifi,
Pyo Geum-rye ta yi furfura a bakin tebur.
Shekara talatin da ɗaya tana ɗinka magana
wasu su sa a baki gaban kyamara.

Fim ɗinta na fari kan 'yan haya ne da aka kora tsakiyar sanyi.
Mutum goma sha tara suka kalla, har da ƙanwarta.
Na huɗu, an yanke masa minti shida,
daidai inda likita ya ƙirga kuɗi kafin ya taɓa jijiya.
Masu jari suka ce: sa soyayya, sa mota mai gudu.
Ta sa soyayyar. Motar ta bar ta a gareji.

Sai labarin Bang Tae-sik,
mai walda a ma'aikatar ƙera jiragen ruwa,
wanda igiyar tsaro ta tsinke da shi wata Talata.
Wata bakwai tana zarya gidan matarsa da lemo a leda,
tana shan shayin sha'ir, tana rubutu a kan gwiwa.
A takarda ta ba shi jawabi:
ya hau kan ƙarfe, ya fesa wa manaja gaskiya,
ma'aikata ɗari suka ajiye hula.

Ranar nunawa, zaure ya miƙe da tafi.
Matar na kujerar ƙarshe, jaka a cinya.
A bakin ƙofa ta kamo hannun rigar marubuciya:
"Mijina bai taɓa ɗaga murya ba.
Tsoron manaja yake kamar ajali.
Ya ga igiyar ta zaizaye, ya ja bakinsa,
saboda kuɗin makarantar yarinya.
Wannan jarumin naki ban san shi ba.
Nawa, kin sake binne shi."

Lambar yabon tana nan,
ita ke tokare taga kada iskar teku ta buga.
Yanzu in layi ya fito da daɗi, sai ta tsargu,
ta karanta shi a fili,
ta ji na mai shi ne ko nata.

Sabon rubutun yana da shafi guda
da ba a ce uffan:
mutum ya dubi igiya, ya dubi agogo,
ya ɗaura ta a ƙugu.

Furodusa ya bugo, wai shafin nan ba komai cikinsa.
Ta ce, bar shi.
A ƙasa mai miya ta ɗora tukunya,
tururi na hawowa ta tsagar katako.