Mai Tankaɗen Dare a Manila

Ƙarfe biyun dare, hawa na sha bakwai.
Dalisay na gaban allo,
shinkafar da ta ƙullo ta huce tuntuni.

Hoto ya faɗo. Daƙiƙa takwas gare ta:
a bari, ko a goge.
Wani na zagi da harshen da ba ta ji,
kare na rawa, sai wuƙa,
sai amarya na yanka kek.

Dokar na cikin kundi mai shafi ɗari uku,
marubutanta na ƙetaren teku.
Sun ce jini in kaɗan ne a lulluɓe shi.
Ba su faɗi inda za ta juye
wanda ya taru a idonta ba.

Rariya ce ita:
lallausan gari ya wuce wa duniya,
tsakin ya tsaya mata.

Da asuba, a motar haya mai fentin waliyyai,
yaron gefenta na ƙyalƙyala dariya da wayarsa.
Ta leƙa. Allon tsaf, kamar sharar safe.
Ta juya ga taga,
yatsanta na danna gwiwarta:
goge, goge, bari.