Yanka Takwas

Ƙarfe uku na dare a Gdansk.
Ƙanƙara ta toshe bakin titi,
ni, Remigiusz, na kunna tanda,
hannu a ƙullu, kai a lissafi.

Mun sayi gida, haka muke faɗa wa mutane.
Ɗaki biyu a hawa na huɗu,
da taga mai hangen ƙugiyoyin tashar jiragen ruwa.
Ranar sa hannu Wioletta ta shafa jan-baki,
ma'aikacin banki ya ba mu biro kyauta, ya ce,
"Zuloti dubu ɗari uku, shekara talatin,
ruwa bakwai cikin ɗari."
Muka ce to.
Wanda ya ga mabuɗi ajiye a kan tebur
kunnensa ba ya jin adadi.

Jiya takardar farko ta iso.
Dubu biyu ba huɗu na biya,
na zaci haka bashin zai ragu.
Ina! Ɗari biyu da arba'in da shida kawai ya motsa.
Sauran duk ruwa ya tafi da shi.

Jagoda ta ga na yi jugum.
Shekararta tara, ba a ɓoye mata fuska.
Na ɗauko burodi guda, na yanka shi takwas,
na tura bakwai gefe: "Wannan na banki."
Na bar ɗaya, na ƙarshen nan mai ɓawo:
"Wannan shi ne ya zama bango namu a watan nan."
Ta ce, "To yaushe za mu ci tsakiya?"

Na ce, a kan abin da ya rage ake auna ruwan,
kuma abin da ya rage yanzu shi ne kusan duka.
Kowane wata yankanmu zai ɗan yi kauri,
kaurin da ido ba ya gani.
Sai bayan shekara ashirin a raba daidai,
huɗu nasu, huɗu namu.
Ta ƙirga da yatsu, yatsun suka ƙare,
ta ce, "Lokacin na tsufa."
Uwarta ta yi dariya. Ni ban yi ba.

Na san yis. Da shi nake ci.
Ba ya barci, ba ya hutun Lahadi,
ka rufe shi da ƙyalle ka juya baya,
ka dawo ka tarar ya cika kwano.
Ashe kuɗi ma suna da nasu.

Wata ɗari uku da sittin.
Na tara su a bayan buhun fulawa:
dubu ɗari bakwai da goma sha takwas, da 'yan kai.
Gida ɗaya muka shiga,
biyu da wani abu za mu biya.
Na biyun ba ƙofa, ba taga,
ba wanda zai taɓa shanya riga a cikinsa.

Ban zagi kowa ba.
Na tuna tsohon maigidan hayarmu, Lucjan,
da ke ƙara kuɗi duk sanda ya sake mota.
Shekara goma sha ɗaya muna ba shi takwas ɗin duka,
ko ɓawo bai bar mana ba.

Wioletta ce ta karɓi fensirin.
Ta yi shiru, ta goge, ta sake rubutawa.
"In muka ɗora ɗari biyu kowane wata,
kai tsaye a kan uwar kuɗin,
shekara bakwai za su faɗi daga ƙarshe."
Ɗari biyu: tabata ke nan,
da rabin kifin ranar Juma'a.
Shekara bakwai: gwiwoyina ke nan,
kafin su ƙi hawa matakala huɗu.

Yanzu biyar saura kwata.
Tiren farko ya fito, tururi ya rufe gilashi.
Kwalin tabar yana aljihu, saura kara uku,
ban yi alkawarin komai a kansu ba tukuna.
Wani ya ƙwanƙwasa ƙofa tun ban buɗe ba.
Na gutsuri ɓawon jiya, na sa a baki.
Ya bushe, amma nawa ne.