Abin da Ke Gaban Magana

A tsohon rumbun kifi na bakin tashar Valparaíso,
inda gishiri bai daina cin ƙofofi ba,
Maite ta rataye wayoyi ɗari uku da sha ɗaya
da zaren fatsa, kai ƙasa, kamar jemagu.
Ni ke ba su wuta.
Evaristo nake. Ba a sa sunana a bango ba,
ban kuma nema ba.

Shekara biyu ta yi tana roƙon mutane:
"Ku ba ni saƙon muryarku. Maganar ku riƙe abarku.
Ɗan abin nan na gaba nake so,
bayan yatsa ya danna,
kafin baki ya san ina ya dosa."
Ta yanke, ta jera, ta ɗura wa kowace waya ɗaya.

Baje kolin ke nan fa. Numfashi.
Wani ya ja iska kamar mai shirin nutso.
Wata ta haɗiye yawu.
Wani dariya ta so kuɓuce masa, ya take ta.
Akwai wadda tukunya ke tafasa a bayanta,
akwai wanda, wallahi, kana ji ka san ƙarya zai yi.

Mutane kan shigo da surutu,
su kara kunne a gilashin da baƙo ya kara nasa,
su fita sum, kamar daga gaisuwar mutuwa.
Wani masani daga Santiago, mai gyale a wuya,
ya tsaya yana tambayar rufi:
"Wane ne mutum in an zare masa kalmominsa?"
Na ce ya ɗaga ƙafa, ya taka mini waya.

Ran Talata ta ɗari biyu da huɗu ta mutu.
Na hau tsani, na sauya mata caja.
Ta farka a tafin hannuna
ta yi gyaran murya sau biyu,
gajere, sannan mai ɗan ja.

Tsanin ya yi rawa, ko ni ne.

Haka ubana yake yi kafin ya nemi bashi.
Haka nake yi.
Haka Baltasar yake yi tun yana ɗan bakwai
in ya fasa abu.
Shekara huɗu rabona da muryarsa,
tun ranar da muka rufe uwarsa muka buɗe faɗa.
Ina ganinsa dai a shafinsa, can Malmö,
ya tsayar da gemu, ya gutsure sunansa rabi,
yana wani murmushi da ba na gidanmu ba.
An ce labarin zuciya a tambayi fuska;
to, fuska yanzu an sa ta makaranta,
ta iya tsayuwa, ta san inda haske yake.
Maƙogwaro ne ba wanda ya tuna ya koya masa komai.

Na ce, Maite, wannan ta wace ce? Wa aka tura wa?
Ta ce, "Na yi alkawari. Sauran na goge,
ko ni ban sani ba."
Ta dube ni, ta miƙo mini ragowar kofinta.

Mai yiwuwa ma wani ɗan wani ne.
Duniya ba ta rasa masu kaikayin wuya ba.

Da dare, a tsohon akwatin da igiya ke ja zuwa tudunmu,
fitilun jirage na ƙanƙancewa a ƙasa,
na nemo sunansa, na danna, na riƙe.
Daƙiƙa sha ɗaya.
Ƙarar ƙarfe, tarin wata tsohuwa, da ni.
Ban ce komai ba. Na saki, ya tafi.

Alama biyu suka yi shuɗi kafin in kai ƙofa.
A saman gilashi aka rubuta yana ɗaukar murya.
Ya ɓace.
Ya dawo.
Ina tsaye, makulli a hannu,
miyar da na bari tun safe tana jirana a ciki.