Bi Farfela

Sallau, ajiye wayar nan, miƙo mini kwali.
Ƙasar Farar Gada da asuba ba ta san ɗan kowa ba,
in ka kwanta mata haka kawai
sai sanyinta ya shige maka ƙugu,
ya jira ka a can har tsufa.

Daga Lafiya tirelar nan ta taso, ba ta iso da ita ba.
Doya dubu uku a bayanta,
a Hawan Kibo giya ta uku ta ƙi shiga,
ta biyu ta dinga kuka kamar ana niƙa tsakuwa.
Ga Mato can kan benci yana ta rantsuwa.
Ƙyale shi, shayi zai yi masa magani.

Kafin komai, tokare tayoyi da katako, gaba da baya.
Cire kan batir.
Oga Dalyop da ya koya mini aikin nan
da yatsu takwas aka binne shi,
biyun sun riga shi tafiya
ranar da ya amince wa birkin hannu.

Ba a gaba take ba.
Sabon yaro kan buɗe hanci ya tsaya yana kallon lagireto
kamar baƙon da ya yi sallama a bayan gida.
Kwashe tarkacen Mato daga ciki tukuna,
kada kwanon tuwonsa ya fasa mana gilashi.
Yanzu buga famfo. A hankali.
Ka ga kan motar yana sunkuyawa, yana ruku'u?
Sa masa sanda. Ƙarfe ba ya cika alkawari.

To, shigo ƙarƙashi, riƙe tocila da haƙori.
Fara daga ƙafafun baya, kama farfela,
bi ta da tafin hannu
yadda ake bin igiya a nemo guga.
Inda ta ƙare, nan ne gidan giya,
manne da ƙeyar inji,
kuloci na tsakaninsu yana sasanta su
tun ranar da aka ƙera su.

Tara kwano, kwance notin ƙasa.
Kada ka kau da kai, dubi man.
Ka ga wannan ƙyalli-ƙyallin?
Haka kuza take walƙiya a ƙwaryar kakata
zamanin da take wanki a kududdufan Bukur.
Amma wannan ba arziki ba ne, yaro,
haƙoran giya ne suka zama gari.
Mato ya daɗe yana jin ciwon nan a hannunsa
yana ƙara wa rediyo murya.

Sauke farfela. Zare tiyon iska, yi masa alama da alli.
Kusoshi goma sha biyu ne suka kewaye ta,
kowanne ka kwance jefa shi gwangwanin madara,
ƙasar nan ta ci mini noti fiye da yadda na ci nama.
Turo jak, ɗaura sarƙa.
Ta fi bijimin Sallah nauyi,
kuma ita ba ta kuka kafin ta faɗo.

Saura ɗaya, na can sama,
inda ido bai taɓa zuwa ba.
Shekara ashirin da bakwai ina samunsa da yatsa.
Yau tun ɗazu nake lalube,
hannun yana rawa, kafaɗar ta ƙi miƙewa.
Ba sanyi ba ne, kada ka ce komai.

Ungo sifana.
Rufe idonka, ba za su taimake ka ba.
Wuce tiyon nan, karkata hagu, ƙara kaɗan.
Ka ji shi?

To, murɗa.
Ni zan riƙe maka tocilar.
Yi sauri, hadari ya taso daga duwatsun Shere,
doyar mutane ba ta da tamfol.