Bashin Mai Gyaran Takalmi

Sau biyar a yini nake faɗin magana ɗaya
cikin jirgin ruwan nan mai rufin gilashi:
hagu ga Buda da tuddanta,
dama ga Pest a shimfiɗe kamar faifai,
ga gadar sarƙa da zakunanta na dutse,
ga majalisa can gaba, ku ɗaga wayoyinku, hasken ya yi.
Harshe uku, murmushi ɗaya.
Bakina ya san hanya ko hankalina na kasuwa.

Talatar nan ta Janairu baƙi tara ne kacal,
sai wata tsohuwa wadda ba baƙuwa ba,
jar hular ulu, jaka a cinya.
Ta ƙi shiga ciki wurin ɗumi.
Aranka, in ji ta, ba tare da na tambaya ba.

Da muka doshi gaɓar da takalman ƙarfe suke
na gyara murya: na mutum sittin ne, maza da mata da yara,
an girke su don tunawa da Yahudawan da...
Ta kama hannun rigata.
"Yarinya, kashe abin nan. Duna ya san labarin."

Vilmos ya leƙo daga ɗakin tuƙi, ya rage wa inji wuta.

"Na uwata ba na ƙarfe ba ne.
Fata ce, ruwan ƙasa,
an sake wa na hagu dunduniya
kwana huɗu kafin a zo.
Ba ta biya mai gyaran ba. Ta ce sai Juma'a.
Masu kambun kibiya a damtse suka ce a tuɓe,
don a sanyin shekarar nan takalmi na da daraja,
mai shi ne ba shi da ita.
Ni ina ɗakin gawayi a ƙarƙashin bene,
shekarata shida.
Matar mai gadi ta lulluɓe ni da buhu,
ta ce in na yi tari, ni da ita duka mun tafi.
Har yau haɗiye tari nake yi."

Ƙanƙara na wucewa gefenmu, fashe-fashe,
kamar tangaran ɗin da aka share daga teburin wani.
Wani Bature ya sauke kyamararsa bai san dalili ba.

"Na nemi shagon bayan yaƙi. Babu shago, babu mutumin.
Kuɗin ma an canja su tuni.
Wa zan biya?"

Ta ciro tsakuwa daga jaka, ta danƙa mini da ɗuminta.
"Gwiwata ba ta kai ni can. Ki sa a wanda kika ga dama."

Da magariba na sa ta cikin wani mai tsini,
tsakanin guntun kyandir da busasshen fure.
Ƙarfen ya cije mini yatsa don sanyi.

Daga nan na wuce gida, gunduma ta bakwai, hawa na uku.
A dokin ƙofarmu, dama, daidai kafaɗa,
akwai wani tabo a karkace ƙarƙashin fenti,
tsawon ɗan yatsa, da ramin ƙusa biyu.
Shekara talatin ina goga masa jakar cefane.
Kakana kan ce da suka samu ɗakin ba kowa a ciki.
Ban taɓa tambayarsa ina kowan ya tafi ba.

Bashi hanji ne.
Na tsaya da mabuɗi a hannu har fitilar matakala ta mutu.

Aranka ba ta dawo ba.
Ina nan ina nuna zakuna, ina nuna majalisa.
Amma in mun zo gaɓar nan nakan danna maɓalli,
Vilmos ya rage wuta,
mu bar ruwa ya bugi ƙarfen jirgi.
Jiya wata ta rubuta a takardar ƙorafi
cewa lasifikarmu na ɗaukewa a tsakiyar tafiya,
a gyara.