Labulen Hajo

Bayan layin dogo a Agege,
inda jirgi ke girgiza kwanon ɗaki,
mun ɗaure zanen gadon Hajo a igiyar shanya
muka ce: ga labule.

Lawali ɗan Tasawa, mai gyaran takalmi,
da rana Aboki ne sunansa,
da dare shi ne rijiyar garinsu.
Sai ya durƙusa, ya yi da'ira da hannuwa,
mu zura guga, mu jawo iska.
Yara su fashe da dariya.
Tsofaffi su sunkuyar da kai,
sun san rijiyar, ita ta koro su.

Kwajo mutumin Lome ya kifa bokitin fenti.
Hausarsa ba ta wuce "sannu" da "nawa ne" ba,
amma tafinsa ya san inda kuka ke kwana,
can yake bugawa.

Ni aka ce in fito a wanda kowa ya ƙi,
mai ƙyasta ashana
ranar da faɗa ya ɓarke a kasuwa.
Ni da rumfata ce ta uku a layin da ya ƙone,
buhu goma sha ɗaya na barkono,
unguwa ta kwana tana atishawa
har ba a gane mai kuka.
Ga ni riƙe da kwalin ashana,
hannuna na rawa,
kuma wannan ba ya cikin abin da muka shirya.

Sai Nefa ta ɗauke wuta.

Duhu. Sauro. Janareton maƙwabta ya yi tari ya mutu.
Na ji motsin silifa,
Iya Bose ce, mai gidan haya,
wadda ɗanta ke ɗingishi tun waccan rana,
wadda shekara biyu ba ta amsa gaisuwata.
Ta lalubo hannuna, ta zare kwalin,
ta ƙyasta,
ta kunna fitilar ƙwai ta ajiye gabanmu,
ta ce da Hausarta mai karkata:
"Ku gama. Ina so in ga ƙarshe."

Ba mu da ƙarshe, Iya.
Kullum jirgin ƙarfe tara ke rufe mana baki.
Ranar ma ya zo, ya haɗiye maganata,
Kwajo ya bi ƙafafunsa da kiɗa
har ya ɓace wajen Ikeja.

Hajo ta kwance zanenta, barci take ji.
Na tattara kujeru, bakwai na aro, ɗaya ta karye.

Da safe na ji ana ƙwala kira ta taga,
takalmi ne ya tsinke.
Ba Aboki ta ce ba.
"Lawali!" ta ce,
ta ja sunan, ta lanƙwasa shi irin nasu,
amma ya isa inda aka aike shi.