Ƙaramin Kwando

Ƙarshen wata a Rikkos, albashi ya shigo.
Na kunna na'ura, allo ya jera mini matakai uku
kamar dankali a Farin Gada:
ƙaramin kwando, madaidaici, sai buhu.

Buhun na da wasanni ɗari huɗu da 'yan kai.
Nafi'u ƙanena ya matso yana haɗiyar yawu:
"Yaya, babban! Akwai tseren mota,
har da tsofaffin da muka buga a shagon Sagiru."

Na yi shiru ina lissafi.
Wuta awa uku take zuwa, in ta ga dama.
Gem guda kan lashe datar mako biyu
kafin ya gama sauka.
Ni ko sai bayan isha nake baro Bukuru,
yatsu a ƙage don sanyi.

Bara buhun na saya.
Shekara cur ƙwallo kaɗai muka taɓa,
sauran kwanon jere ne, sai kallo.

Na danna ƙaramin.
Nafi'u ya ja tsaki, ya ɗauki hannu na biyu,
ya zura mini uku
kafin a ɗauke wuta.